Kalilu Ƙanen Hussaina

A Sandamu, duk wanda ya san Hussaina mai ƙuli-ƙuli ya san ita ta raini ƙanenta Kalilu, don uwarsu ta rasu yana rarrafe. Da ya tasa ta kai shi Daura, shagon Boniface mai kayan babur, ya koyi gyara. Yana da hannu. Ƙarar inji kawai zai ji ya gaya maka ciwonsa.

Abokai ne suka fara kawo masa baburan sata yana sauya musu kama. A farkon shekarun shari'ar Musulunci asiri ya tonu, alƙali ya ɗaure shi. Da damina ta yi ƙarfi ruwa ya kayar da katangar gidan yarin, Kalilu ya bi ta wurin ya gudu.

Daga nan sai labarinsa Hussaina take ji. Yau an ce ya tare hanyar Baure ya ƙwace babur, gobe an gan shi a Nijar. Tana ƙaryatawa har ranar da aka kawo gawar Audi ɗan acaɓa, ɗan Nana da take sayen gyaɗa a wurinta, aka ce Kalilu ne ya kashe shi. Da Hussaina ta shiga gidan ta'aziyya mata suka yi tsit.

'Yan sanda da 'yan sintiri suka bazama, har da mafarauta da karnukansu. Aka birkita ɗakinta, aka leƙa rumbu. Cinikin ƙuli ya tsaya.

Wata safiya a lokacin kaka Hussaina tana roron wake a gona, sai ta ji murya daga cikin gero.

"Yaya."

Kalilu ne, ya rame, ƙafarsa ta kumbura da sara. Ta miƙa masa furar da ta zo da ita, ta jira ya shanye.

"Kalilu, kai ka kashe Audi?"

Ya sunkuyar da kai. "Ya ƙi sakin babur ɗin ne, Yaya."

"Tashi mu je wurin Mai Unguwa. In 'yan sintiri suka riga ni, ko gawarka ba zan gane ba."

Bai musa ba. Ta tallabe shi suka ratsa gari, masu sanduna na biye da su, har Mai Unguwa ya kulle shi a zaure kafin 'yan sanda su iso.

A kotu ya amsa laifinsa. Alƙali ya ce hukuncinsa kisa ne, sai in dangin Audi sun yafe ko sun karɓi diyya. Hussaina ta je ta durƙusa gaban Nana tana kuka.

"Ba ni da gaba da ke, Hussaina," in ji Nana. "Amma ba zan iya ba."

Shekaru suka shuɗe ana ɗaukaka ƙara. Wata ranar Laraba Mai Unguwa ya zo da kansa, ya tsaya a ƙofar gida ya ce an rataye Kalilu a wani gidan yari mai nisa, can aka binne shi.

Hussaina ta aro tabarmi ta shimfiɗa don masu gaisuwa. Kaɗan suka zo. Wasu a gari na cewa ta kyauta, wasu na cewa ta ba da jininta. Da aka yi sadakar bakwai ta naɗe tabarmin ta mayar wa masu su.