Wanda Ya Fita ta Ƙofar Marusa

Kakata ta wajen uwa ba ta ba da labari haka kawai. In ka ce, "Kaka, a yi mana tatsuniya," sai ta ce, "Ta wace ƙofa za mu fita?" A wurinta, bayan kowace ƙofa ta ganuwar Katsina akwai wata ƙasa da ido ba ya gani, kuma duk sanin duniya an rarraba shi a ƙasashen nan, kamar yadda take raba kayan miya, kowanne da ƙwaryarsa.

Bayan Ƙofar Sauri mutanen ruwa suke. Can aka ajiye duk abin da ya shafi damina da maganin zazzaɓi. Bayan Ƙofar Kwaya dabbobi ne masu magana, har da alƙalinsu, wayo da ciniki da shari'a duk nasu ne. Kowace ƙasa tana da kasuwa, inda ake baza abin da kowa zai iya sani, tana da rijiya, inda ake zuba abin da sai an girma ake ɗebowa. Na taɓa tambayarta abin da ya sa ƙadangare ke gyaɗa kai. Ta ce, "Haba maigidana! Ƙofar Kwaya, ka ratsa kasuwa, ka bi hagu, rumfar kunkuru. Bara na kai ka, kai dai kanka kwando ne." Ƙofar Marusa ce ba ta son mu zaɓa. Bayanta ƙasar waɗanda suka tafi ba su komo ba ce, kuma a rijiyarsu babu komai sai haƙuri.

Doka ɗaya ce ba a takawa: ƙofar da ka fita, ta nan za ka komo. Wanda ya shigo ta wata ƙofa ba shi ba ne, aljani ne ya ari fuskarsa. Muna yara dariya muke yi wa wannan doka.

Kawuna, ɗanta namiji tilo, ta Ƙofar Marusa ya fita ranar da ya tafi aikin soja, ina firamare. Ba da son ranta ba ne, amma ta raka shi har bakin ƙofa. Saƙonsa yana zuwa, shi ba ya zuwa. Sai shekarar da soja suka miƙa mulki ga farar hula ya ajiye kaki ya dawo gida. Lokacin ina da aurena, ita kuwa tsufa ya riga ya ci mata tunani. Takan manta ko ta yi azahar, amma ƙofofinta ko ɗaya bai ɓace mata ba.

Ya durƙusa gabanta ya ce, "Inna, ni ne."

Ta daɗe tana kallonsa. "Ta ina ka shigo?"

Bawan Allah bai san tarko ba ne. Ya ce ɗan kabu-kabu ne ya ɗauko shi, suka biyo ta Ƙofar Kwaya. Ta ja mayafi, ta juya wa bango fuska, ta ce, "A'uzu billahi. Ku ba baƙo ruwa ya kama gabansa."

Daga nan in yana cikin gida ba ta cin abinci. Aka kawo rubutu, aka yi lallashi, ko gezau, sai ramewa take yi. Na ja kawu zaure na gaya masa abin da na sani. Ya fusata. "Ni za ka mai da yaro? Ina ganuwar ma take, ba duk ta zube ba? Kawai a ce mata ta can na biyo."

Raina ya ɓaci ƙwarai, na manta da girmansa. Na ce, "Kawu, kai ka tafi, ƙofofin nan suka zauna da ita. Kuma ƙarya za ka fara kawo mata tsaraba?"

Ya juya ya fice. Washegari da hantsi na ji sallamarsa, ya ce in raka shi. A ƙasa muka tafi. An lulluɓe Ƙofar Marusa da hotunan 'yan siyasa, babura na ta wucewa. Ya fita waje ya tsaya jim, dattijo da furfurarsa, sannan ya sa ƙafar dama ya shigo. Wallahi tausayinsa ya kama ni, har na ji kunyar maganar jiya.

Da muka isa ya sake durƙusawa. Ta sake tambaya, ya ce, "Ta Ƙofar Marusa, Inna."

Ta juyo a hankali. "To me ka ɗebo a rijiyarsu?"

Sai hawaye suka zubo masa. Ta lalubo kansa ta dafa, ta kira shi da sunan da rabon a ji shi a bakinta tun ranar rakiya.

"Bar kuka," ta ce. "Tun da ka fita kullum ina can da gugata, na ɗebo wanda zai ishe mu. Ku zubo mashi tuwo, ku haɗo da nawa."