Wanda Ya Zuba Gahawa

Mun tashi da asuba daga unguwarmu ta Shisha, ni da maƙwabcina, a motarsa wadda na'urar sanyinta ta yi ritaya ba sanarwa. Jidda muka nufa. Ƙaninsa ya rasu bara, sai labari ya iso cewa mutumin da suka yi shekaru suna zaune tare ya haɗa ɗan fim a kan soyayyarsu, yana nuna wa amintattu a falonsa. Maƙwabcina zai je ya sa a goge. Ni an ɗauko ni ne wai na iya magana.

Hanya sumul, baƙaƙen duwatsu hagu da dama. Muka karya da waken ful da burodin tamis mai zafi, da wani shayi da tsadarsa ta fi zaƙinsa.

Mai fim ya tarbe mu, ya kunna ba gardama. An ce mini abin kunya zan gani, kuma na gani, sai dai ba nasa ba ne. Mutum biyu ne a kicin suna musu a kan gishiri, marigayi yana dariya har da riƙe ciki. Sai zaman makokin, wanda wani ya ɗauka da waya: kujeru a titi, dangi sun jeru ana bi ana dafa musu kafaɗa yadda muka saba. Shi kuwa mai fim, da ya yi jinyar marigayi har ƙarshe, buta aka miƙa masa yana zuba wa baƙi gahawa. Ko mutum ɗaya bai dafa shi ba.

Maƙwabcina ya yi kuka sosai, har na fara kyautata masa zato. Sai ya share fuska.

"Ya akhi, wallahi sai ka goge. Amma turo mini wurin dariyar tukuna, Hajiya mahaifiyarmu za ta so ji."

Mai fim ya ce, "Yaya, ai ina ciki. Ni nake ba shi dariyar."

"To yanke kanka."

Na yi maganar da aka ɗauko ni dominta, ba ta ɓangaren da aka so ba, kuma ba ta yi amfani ba. Mai fim ya yanke, ya tura, ya goge.

Mun dawo kafin la'asar. Hajiya ta saurara, ta sake saurara, ta ce, "Wa yake ba shi dariya haka?" Ɗanta ya ce talabijin ne.

Abin da tafiyar ta koya mini ke nan: dariyar muke so, mai ba da ita kuwa ya je ya zuba gahawa.