Tsamiyar Filin Kokawa da Tashar Mota

Har gobe ban manta da ranar da na tarar da jan fenti a jikin tsamiyar filin kokawa ba. A lokacin ina mataimakin jami'in al'adu, an turo ni daga Birnin Kudu zuwa wani garin kasuwa a ƙasar Gwaram. Aikinmu ba ya da wata martaba a idon abokan aiki. Sai manyan baƙi za su zo ake tunawa da mu, a ce, "Malam Habu, nemo mana makaɗa." Idan baƙi sun tafi, mu koma benci.

Ga wanda bai san aikin gyaran gari ba, ga yadda yake tafiya. Injiniya ya auna wuri ya yi zane, kwamiti ya zauna ya amince, shugaban ƙaramar hukuma ya sa hannu, sannan a fito da jan fenti a shafa wa duk abin da za a rushe ko a sare. Idan ka ga jan fenti, to magana ta kusa ƙarewa.

Filin yana gefen kasuwa. Nan ake kokawa da kaka, bayan an gama girbi, nan 'yan mata ke gaɗa da Sallah, makaɗa kuma a gindin tsamiyar suke zama. Da na tambaya, aka ce tashar mota za a yi, a zuba siminti, a jera shaguna.

Na tafi ofishin Injiniya Sabo, mutum ne mai natsuwa, ya girme ni a shekaru da muƙami. Ya saurare ni har na gama.

"Malam Habu," ya ce, "ka taɓa tsayawa a bakin titin nan ranar kasuwa? Motoci a kan hanya suke lodi. Ba ni da wani fili kusa da kasuwa sai wannan. Kuma ba mu manta da ku ba, an ware muku wuri a bayan gari, har da rumfa da kujeru."

Na ce, "Ranka ya daɗe, mutane ba don kokawa suke fitowa daga ƙauye ba. Kasuwa suke zuwa, su ji ganga, su tsaya. Idan aka kai ta bayan gari, wa zai bi ta?"

Bai yi gardama ba, amma bai janye ba. Abin da na samu kawai shi ne alkawarin zai zo ranar kasuwa bayan la'asar ya gani da idonsa, tunda lokacin kaka ne.

Wanda ya fi kowa matsawa a yi tashar shi ne shugaban direbobin garin, Alhaji Ɗanlami. Na je gidansa ina zaton zan same shi da sauƙi, domin a ƙuruciyarsa shi ne gwanin kokawar yankin. Sai na tarar da akasin haka. A daminar da ta wuce, wata bas da ke ja da baya a cunkoson bakin titi ta take wata tsohuwa mai sayar da daddawa, kuma shi da hannunsa ya sa ta a mota zuwa asibitin Birnin Kudu. Ba ta kai ba.

"A filin nan na yi suna," ya ce mini. "Amma wallahi gara a shafe shi da in sake ɗaukar uwar wani daga ƙarƙashin mota."

Na yi masa sallama na fito, na san gaskiya ya faɗa.

Ranar kasuwa Injiniya ya cika alkawari. Ya zo da Alhaji Ɗanlami, muka tsaya a gefe. Fili ya cika: manoma da suka sayar da hatsi, Fulani da sandunansu, mata masu ƙosai da gyaɗa, samarin ƙauyen Unguwar Ya da suka yi takanas don su kara da na gari. Sarkin makaɗa, Baba Ilu, tsoho ne da idonsa ya fara rauni, amma da aka raɗa masa cewa Ɗanlami yana wurin, sai ya juya gangarsa ya saki taken da yake yi masa tun yana saurayi. Dattawa suka gane nan take, wuri ya ɗauki sowa. Na ga Alhaji ya sunkuyar da kai, ya daɗe bai ɗago ba.

Da ya ɗago, ba filin ya kalla ba, titi ya kalla. Sannan ya dafa hannun Injiniya.

"Injiniya, dubi can. Motoci nawa suka rage?"

Kaɗan ne. Masu lodin nesa duk sun tashi tun kafin la'asar.

"Mu da rana muke buƙatar wuri," ya ce a hankali, kamar da kansa yake magana. "Masu kokawa kuma da yamma."

Injiniya ya zagaya filin da ƙafa, ya tsuguna ya damƙi ƙasa, ya tambayi wani ɗan kokawa ko za su iya yi a kan siminti. Saurayin ya yi dariya ya ce sai dai idan asibiti za a kawo kusa.

Daga nan Injiniya ya yarda zai sake zanen, amma hakan ba ƙaramin abu ba ne. Dole a koma gaban kwamiti, kuma a can aka kai ruwa rana, domin sabon zanen ya cinye rabin shagunan da ake sa ran za su kawo kuɗin shiga. Wani mamba ya ce gari ba da kiɗa yake ci gaba ba. Wakilin hakimi da Alhaji Ɗanlami ne suka tsaya har aka amince. Aka bar tsakiyar fili da yashinsa, aka yi wa motoci wurin tsayawa a kewaye, bangon magudanar ruwa kuma Injiniya ya yi shi hawa-hawa don 'yan kallo su zauna. Tsamiya ta tsira, sai reshe guda da aka sare don manyan motoci.

Ba zan ce komai ya yi daidai ba. Filin ya ƙanƙance, har yau kuma ana rigima da direbobi masu zubar da baƙin mai a kan yashi. Amma motoci sun bar titi, kuma duk kaka ganga tana tashi.

Ranar da aka kammala aiki, Injiniya Sabo ya ce mini, "Da an zaunar da kai kusa da ni tun kafin in ja layin farko, da ban yi aiki biyu ba." Shi ya nemi a riƙa sa jami'in al'adu cikin kwamiti tun daga zaman farko, aka kuma yarda.

Ku da kuka shigo aikin nan yanzu, abin da na koya ke nan. Mai son a rushe ba lallai maƙiyin al'ada ba ne. Sau da yawa akwai wani ciwo da yake neman magancewa, sai ka ji shi kafin ya ji ka. Kuma kada ku zauna a benci kuna jiran a aiko ku nemo makaɗa. Ku riƙa shiga ofishin masu zane tun takarda tana fara.