Bayan Kawu Prévilon, Gadar Ƙauyenmu

Kafin zakara ya gama surutunsa, Kawu Prévilon ya naɗe ƙafar wando yana bakin kogi, yana kurɓar kofi yana yi wa ruwa faɗa. Mu a ƙauyenmu na kudancin Haiti ba mu da gada. Tun ina goye ake mana alkawarinta. Bayan Kawu ne gadar. Fasto, amarya, akuya, kowa ya hau. Dokarsa ɗaya ce: in ka hau, ka yi shiru.

Shekarar da guguwa ta share mana gonaki, irin wake ya ƙare ƙaf. Muka tura Madan Osnel, 'yar kasuwa, har garin Jérémie ta nemo. Ta dawo da buhu ɗaya tak, ta tarar kogi ya cika ya batse, mu kuma muna tsallake muna hangen abincin shekara a kanta. Ga Madan Osnel, tubarkalla, akwai jiki. Kuma ita ce ta ƙi auren Kawu tun suna da ƙuruciya.

"Miƙo buhun tukuna," in ji Kawu, da ya ƙetara wurinta.

"Don ka bar ni nan har gobe? Na san halinka, maƙwabci! Tare za mu."

"Ke da buhun? Ni jaki ne?"

"Jaki ya fi ka fara'a. Durƙusa!"

Ya durƙusa. A tsakiya ruwa ya kai masa haɓa, ita tana sama da buhu a ka, tana kiran waliyyai ɗaya bayan ɗaya. Suka fito, ko ƙwaya ba ta jiƙe ba. Kawu ya furzar da ruwa ya ce, "Na gode Allah da kika ƙi ni."

Jikokin wannan waken muke ci har yau.

Kawu, kai ne gadar da guguwa ba ta ɗauke ba. Mun gode, mun gode. Ku kuma samari, ga kogi nan, gada ba ta zo ba, ku naɗe wando.

Bana gwiwoyin Kawu suka ce sun gaji. Ranar da za a kai shi asibiti a tsallake, ruwa iya cinya, samari na ta gardamar wanda zai goya shi, shi kuma yana rantsuwa babu mai ɗaukarsa. Sai Madan Osnel, da furfurarta, ta ture su gefe, ta durƙusa a gabansa.

"Hau," ta ce. "Kuma ka yi shiru."

Ya hau. Har tsallake bai ce uffan ba, hawaye kawai yake sharewa da hularsa.