Macijin da Kawu Labbo Ke Bi

Bakura zuwa Talata Mafara

Na bar Bakura ranar Alhamis da ƙarfe biyar da rabi, bayan sallar asuba, a bayan wata a-kori-kura mai lodin albasa. Abin da ya tashe ni kuwa mahaifiyata ce. Tun da ruwan madatsar Bakolori ya cinye fadamarmu, aka mai da ƙauyenmu kan wani tudu a ƙasar Maradun, ba rijiya ba tafki. Mata sai sun yi tafiyar awa biyu kafin su cika tulu, ga Inna ta tsufa. Na ƙudura ko ana ha-maza-ha-mata sai na ɗauko ta ta zauna wurina. Tsarabata jarka ɗaya ce, cike da ruwan rijiyar makarantar da nake koyarwa.

Ƙarfe bakwai muka shiga Mafara. Na karya da koko da ƙosai a tasha, ina kallon manyan motoci suna wucewa za su baje gonaki don aikin madatsar.

Mafara zuwa Maradun

Motar Maradun ba ta cika ba sai goma saura. A shingen da ke hanya wani ɗan sanda ya ƙwanƙwasa jarkar.

"Malam, fetur ne?"

"Ruwa ne, tsarabar tsohuwa."

Ya yi dariya har da riƙe ciki. Direba bai yi ba, shi mutumin can ne.

A Maradun na ari keke wurin wani abokina, na ɗaure jarka, na kama hanyar Dosara. Rabin tafiyar ni na tura keken saboda yashi. Ana kiran azahar na isa.

Kan tudu

Bayan doguwar gaisuwa da tuwon dawa, na faɗa wa Inna abin da ya kawo ni. Ko kallona ba ta yi ba.

"Ba ni tahiya in bar Labbo shina haƙa shi kaɗai. Ran da ya haƙura, sai in bi ka."

Kawu Labbo yayanta ne, shi ke riƙe da gidan. Rijiya biyu ya haƙa, duka dutse suka tarar. A raina na ce wannan taurin kai ne kawai na tsofaffi.

Juma'a da hantsi na fita nemansa. Na hango shi tsugune a bakin wani busasshen kwari, ga wani siririn maciji mai ratsi a baya kwance taku uku daga ƙafarsa. Ban yi wata-wata ba, na rarumi sanda na rafka wa macijin a ka. Har ina haki, ina jiran godiya.

Kawu ya ɗago ya dube ni.

"Malam, wanga shi ne karatun? Kwana tara nike bin shi."

Sai ya yi mini bayani a hankali, wanda da zagina ya yi da ya fi mini sauƙi. Macijin ruwa ne, ba shi da dafi. Kwaɗi da ƙananan kifaye yake ci, don haka ba ya nisa da danshi. A tsohon tafkinmu Kawu ya san su tun yana yaro: in bazara ta ƙafar da ruwa, inda suka shige nan ake tonawa. Ganin irinsa a kan tudun nan ya tabbatar masa da akwai ruwa a ƙasa. Kullum da safe macijin yakan fito shan hantsi, Kawu ya bi shi daga nesa har ya ɓace masa, washegari ya tsugune a inda ya tsaya jiya. A lissafinsa, yau ne zai ga ramin.

Kunya ta kama ni, irin wadda ban taɓa ji ba. Da hannuna na kashe wa gidanmu ɗan jagora.

Kawu ya ɗauki gawar yana shafa cikin, sai ya tsaya a wani ƙulli. Ya tsaga da wuƙa. Kwaɗo ne, ko narkewa bai fara ba.

"Bai daɗe da cin shi ba. Tashi, mu bi sawunshi baya tun awaki ba su hito ba."

Muka bi jan cikinsa a kan yashi, ni a rarrafe da farin wandona. Wajen wasu duwatsu sawun ya ɓace mana fiye da rabin awa. Ni na sake gano shi, ya nufi gindin wata giyayya. Akwai tsaga tsakanin saiwoyinta. Kawu ya zura hannu har gwiwa, ya kamo nawa ya zura. Sanyi na ji.

Asabar tun da sassafe maza shida muka kama haƙa. Bayan la'asar, a zurfin gaba biyu da rabi, laka ta fara manne wa magirbi. Kawu ya binne macijin a gefen ramin, ya ɗora dutse, ya ce a bar wa 'yan uwansa tsagar, kada kowa ya toshe.

Komawa

Lahadi da ƙarfe shida na ɗaura jaka. Na sake yi wa Inna maganar tafiya, amma murya a ƙasa.

"Ina za ni? Ga ruwa. Koma makarantarka, ka ce ma yara su duba kahin su buga."

Ta miƙo mini jarkata, ta cika ta da ruwan sabuwar rijiya, ja wur, bai ko kwanta ba. Na ce a bar shi, su suka fi bukata. Ta ce ba ta taɓa sallamar baƙo hannu rabbana ba.

Na mai da keke Maradun, na sami motar Mafara sha ɗaya, magariba ta yi mini a Bakura. Na gode Allah da ya kai ni ya dawo da ni lafiya, na gode wa mai keke, na gode wa Kawu da bai taɓa tayar da zancen a gaban mutane ba. Ruwan nan kwana biyu ya yi kafin ya kwanta. Da ya kwanta na sha, ni kaɗai, ban ba kowa ba.