Belin Inna Hanatu

Duk wanda ya taɓa sayen katako a kasuwar Katako ya san Inna Hanatu mai kunun gyaɗa, ko da bai san sunanta ba. Ita ce siririyar dattijuwar nan da ke zama a bakin layin masu yankan katako da robar kununta da ludayi. Maƙwabciyata ce a Tudun Wada, katanga ɗaya ta raba mu, don haka abin da zan faɗa ba a bakin famfo na tsinto shi ba.

Da damina aka haife ta, iyayenta na kan hanya da shanu wajen Bukuru. A lokacin, kuma har yau a wasu gidaje, kafin suna akan kira wanzami ya cire wa jariri beli, 'yar tsokar nan da ke lilo a can ƙarshen baki, wai kada ta hana yaro shan nono. Rafi ya cika, wanzami bai iya ƙetarewa ba, aka yi suna aka yi gaba da shanu. Hanatu ta girma da belinta.

A faɗarta, da wannan belin take ɗanɗana lokaci. Harshe ya gaya mata zaƙi ko tsami, beli kuma ya gaya mata yaushe. Takan ce hantsi gardi gare shi, la'asar kuma bauri kamar goro. Ban taɓa ganin agogo a hannunta ba, ban kuma taɓa ganin salla ta wuce ta ba. Ni ban ce wani likita ya tabbatar da wannan ba, abin da na gani nake faɗa.

Badung, wani kafinta da ke shan kununta kullum, wanda Hausa ba ta gama zama a bakinsa ba, ya taɓa kawo mata soyayyen dankalin turawa don ya gwada ta.

"Mama, ka ci wannan ka gaya mini. Sabo ne, jiya jiya aka tona."

Ta ɗan tauna ta ce, "An cuce ka. Tun ruwa bai ɗauke ba aka tone shi, a buhu ya tsufa." Badung ya yi dariya har da riƙe ciki, don shi ma ya san tsohon dankali ne.

Wannan ɓangaren wasa ne. Mai nauyin ya zo bayan rasuwar mijinta, Bappayo. Tun daga nan, duk ranar da ta kurɓi kindirmo mai kyau sai hawaye su riƙa zubo mata. Na taɓa ce mata ta rage tunani. Ta harare ni ta ce ba tunani take yi ba, shekarar ce kanta take dawowa bakinta, ga rugarsu, ga shi yana kwance maruƙa. Wasu a unguwa suka ce aljanu ne, wasu suka ce tsufa. Abin yana ƙona mini rai, don masu faɗin haka ko miyar jiya da ta yau ba sa iya bambancewa.

A bara, Kubra, matar ɗanta Ahmadu, ta haifi 'ya mace. Na shiga barka da safe na tarar dangin Kubra sun aiko Malam Isa wanzami, ya baje zabirarsa a tsakar gida yana goge aska. Inna Hanatu ta fito daga ɗakin maijego da jaririyar a hannu. Maimakon ta miƙa masa, sai ta goya ta, ta ɗaure zani tamau, ta tsaya.

"Malam, ka yi mata aski ranar suna, na yarda. Bakinta kuwa ba za ka taɓa ba."

Malam Isa ya ce, "Inna, abin da muka gada ne kaka da kakanni."

"Ni ban gada ba, ga ni tsaye."

Gwaggon Kubra ta fara faɗa, wai 'yarsu ce ta sha wahalar naƙuda, ba za a bar musu jika ta rame saboda tatsuniyar tsohuwa ba. Aka kira Ahmadu daga waje. Ya durƙusa gaban uwarsa, ya sassauta murya.

"Inna, a ce ma gaskiya ne. Me ya ba ki ban da kuka? Nono ma ba kya iya sha cikin kwanciyar rai. Shi kike so mata?"

Na ji tausayinsa, don ba rashin kunya yake yi ba. Ɗan fari ne, ba ta kiran sunansa, ranar ma ba ta kira ba. Cewa ta yi:

"Kai, naka an yanke ina kallo, kunya ta hana ni magana. Shi ya sa ka binne ubanka sau ɗaya ka huta. Ni na tsufa, yarinyar nan ba za ta riƙe fuskata ba. Amma kafin in tafi zan ba ta kununa ta sha. Wata rana ta kurɓi kunu a wani gari, ta tarar da ni zaune. In ta yi kuka, ta yi, kukanta ne. Mai son yanke mata beli sai ya fara kwance goyon nan."

Ba wanda ya matsa. Kubra ce ta ɗaga labule daga ɗaki ta ce a bar mata 'yarta haka. Malam Isa ya naɗe zabirarsa ya yi sallama, gwaggo ta bi bayansa tana mita, har ranar suna ba ta gaishe da kowa ba.

Bana yarinyar ta fara shan kunu. Inna Hanatu ta daina zuwa Katako saboda ciwon gwiwa, amma ba ta yarda kowa ya dama wa jikarta ba. Ranar da ƙafa ta ƙi, sai ta sa a jawo mata murhu bakin ƙofa ta dama a zaune.