Tudun da Ba a Nomawa

Shekarar da na koma gida da kyamara, niyyata ƙarama ce: in ɗauki dattawan ƙauyenmu, can kusa da Dugabau, suna ba da labarin kafuwar garin. Kowa ya san labarin. Wani malami ne ya zo daga gabas, ya haƙa rijiya, mu duka jikokinsa ne. Baffana, limamin garin, ya faɗe shi tiryan-tiryan a zaure, sauran suna gyaɗa kai.

Gwaggo, yayar mahaifina, ba ta cikin waɗanda na shirya ɗauka. Ita ta aiko a kira ni.

"Ɗauko abin naka, ka raka ni," ta ce.

Muka ratsa gonakin dawa har wani tudu da ba a nomawa, inda ake hana mu kiwo muna yara, wai akwai macizai. Tsingaro ne ko'ina, ga guntun dutsen niƙa a kife. Ta zauna tana haki.

"Nan aka haifi kakata. Maguzawa ne. Malamin tarar da su ya yi, rijiyar ma tasu ce. Wasu suka musulunta suka bi shi, mu ke nan. Waɗanda suka ƙi, daga baya aka hana su ruwa har suka tashi."

"Ina suka tafi, Gwaggo?"

"Wa ya tambaya? Da ƙanwar kakata a cikinsu. Har kakata ta mutu, in ta kwashe tuwo sai ta ajiye malmala ɗaya a gefe, ba ta cewa ta wane ce."

Sai ta juya ta ƙwala kiran wani suna da ban taɓa jin irinsa ba, kamar mai kiran yarinyar da ta daɗe a rafi. Ta kasa kunne tana jira. Ni ma na tsinci kaina ina jira.

Da na nuna wa Baffa abin da na ɗauka, bai yi faɗa ba.

"Tsufa ne ya taɓa ta. Ka cire. So kake a riƙa yi wa 'ya'yanmu gori?"

Ya miƙe zai fita, sai ya tsaya a bakin ƙofa.

"Sake min wurin da ta yi kiran nan."

Na sake. Leɓɓansa suka motsa, suka riga muryarta faɗin sunan. Ya sa takalmansa ya fita, bai ƙara tayar da maganar ba.

Gwaggo ta rasu kafin a yanke dawar. Fim ɗin bai fito ba. In na cire ta, ƙarya na haɗa. In na bar ta, ban san da wane ido zan dubi mutanen zauren nan ba.

Yanzu ranar kasuwa a Kabo ko Gwarzo, in na ga tsohuwa baƙuwa mai irin goshinmu, sai in yi ta kallonta har ta tsargu. Ban taɓa samun ƙarfin halin tambayarta daga ina kakanninta suka taso ba.